Ziyarar Yini Guda a Tafkunan Plitvice na Ƙasar Kuroshiya

Sharhin wannan mako ya karkata ne zuwa ƙasar Kuroshiya da ke kudu maso gabashin Turai, inda a tsakanin Zagreb, babban birnin ƙasar, da gaɓar tekun Adiriyatik ake da wani gandun daji na ƙasa mai suna Plitvice, wanda masu wurin ke furtawa Plitbitse, kuma wanda manyan motocin safa ke dosa kowace safiya a watannin zafi, maƙare da 'yan yawon buɗe ido da suka biya kuɗin ziyarar yini guda tare da ɗan jagora. Abin da ake nufi da gandun daji na ƙasa shi ne yankin da hukuma ta keɓe da doka, ta hana farauta da saran itace da haƙar ƙasa a cikinsa, ta kuma buɗe wani sashe nasa domin jama'a su shiga su gani bisa ƙa'idoji. An ba Plitvice wannan matsayi ranar 8 ga Afrilu, 1949, lokacin da Kuroshiya ke cikin tarayyar Yugoslabiya, don haka shi ne mafi daɗewa a cikin irin waɗannan gandaye takwas da ƙasar ke da su, kuma shi ne mafi girma, da faɗin da ya kusa murabba'in kilomita 300. A shekarar 1979 hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa shi a jerin wuraren gado na duniya, wato wuraren da aka yarda cewa lalacewarsu asara ce ga bil'adama baki ɗaya. Abin dubawa a nan shi ne irin fahimtar da baƙo ke iya samu cikin sa'o'i huɗu ko biyar a wuri irin wannan, da kuma abin da zuwan nasa ke jawo wa wurin.

Duk da girman gandun, abin da ke jan mutane bai kai kashi ɗaya cikin ɗari na faɗinsa ba. Tafkuna ne guda 16 a jere hawa-hawa cikin kwari ɗaya, tsakanin tsaunukan Mala Kapela da Plješivica, ruwan kowane tafki yana malalowa ta bakinsa ya zuba cikin wanda ke ƙasa da shi. Rafuka biyu da ake kira Baƙin Kogi da Farin Kogi su ne ke haɗuwa su shiga tafki na farko, wato Prošćansko, wanda ke bisa tudun da ya kai kimanin mita 636 sama da teku, daga nan kuma ruwan ya yi ta sauka har mita 133 a cikin tafiyar kilomita takwas ko makamancin haka, kafin ya bar tafki na ƙarshe ya zama kogin Korana. Goma sha biyu daga cikin tafkunan ana kiran su na sama, kuma suna zaune ne a kan wani dutse mai suna dolomayit wanda ruwa ba ya ratsa shi da sauƙi, shi ya sa suke da faɗi da gaɓa mai sauƙin gangara wadda daji ya rufe. Sauran huɗun, wato na ƙasa, suna cikin wani kwazazzabo mai tsayin bango da ruwa ya ƙwaƙule a jikin dutsen farar ƙasa, irin dutsen nan da ake ƙonawa a yi siminti da shi.

Babban abin da ya sa wurin ya yi fice a idon masana shi ne madatsun da suka raba tafkunan, domin babu hannun ɗan'adam a gininsu, kuma har yau ginin bai tsaya ba. A yawancin wurare na duniya magangarar ruwa tana cinye dutsen da take zubowa a kansa, tana ja da baya sannu a hankali. A Plitvice kuwa ruwan da ke zubowa ƙara wa dutsen tsawo yake yi. Yadda abin ke faruwa shi ne, ruwan sama da na narkakkiyar dusar ƙanƙara suna ɗibar iskar kabon daga sararin sama, musamman ma daga ƙasar daji mai cike da ruɓaɓɓen ganye, sai ruwan ya ɗan yi tsami, ya nutse ta tsagogin dutsen farar ƙasa yana narkar da shi, ya ɓullo a idanun ruwa ɗauke da sinadarin kalsiyam a narke. Idan ya yi 'yar tafiya a fili, ya bugi duwatsu ya fantsama, iskar kabon ɗin takan fice daga cikinsa, daga nan sai ya kasa riƙe abin da ya ɗauko, sinadarin ya fara komawa ƙananan ƙwayoyin dutse waɗanda ido ba ya iya gani. Duk wanda ya taɓa leƙa cikin butar shayin da aka daɗe ana dafa ruwan rijiya ko na burtsatse a cikinta ya ga farin ɓawon da ke manne a gindinta, to kusan wannan sinadarin ne, sai dai a can zafin wuta ne ya kore iskar, a nan kuma fantsamar ruwa ce.

Ƙwayoyin dutsen ba za su tsaya wuri ɗaya ba in da babu abin da zai kama su, kuma a nan ne halittu masu rai suka shigo cikin aikin. A bakin kowace magangara akwai gansakuka da ƙananan tsirrai na ruwa, a jikinsu kuma akwai ƙwayoyin bakteriya da wasu halittu ƙanana da ke fitar da wani yauƙi mai danƙo, wanda ƙwayoyin dutsen ke liƙewa a kansa. Da tafiya ta yi tafiya sai gindin gansakukar ya sandare ya zama dutse, kanta kuma ya ci gaba da tsiro sama yana neman haske, sabon tsiron shi ma ya sandare a nasa lokacin, haka nan ganye da rassa da kututturen da suka faɗa ruwa duk su lulluɓe su shige cikin ginin. Dutsen da ke samuwa ta wannan hanya mai huhu-huhu ne, marar nauyi, mai saurin marmashewa, mutanen ƙasar kuma suna kiran sa sedra. A wuraren da yanayi ya yi daidai madatsa kan ƙaru da kimanin santimita ɗaya a shekara, an kuma ƙiyasta cewa waɗanda ke riƙe da tafkunan yanzu shekarunsu na tsakanin 6,000 da 7,000, ma'ana sun soma ne bayan duniya ta fita daga zamanin ƙanƙara na ƙarshe. Masanin tsirrai Ivo Pevalek na jami'ar Zagreb ne ya yi fice wajen bayyana rawar da tsirrai ke takawa a wannan gini tun cikin shekarun 1920, ya kuma yi ta fafutukar a kare wurin, kuma cibiyar bincike ta gandun sunansa take ɗauke da shi.

Hujjar da ta fi kowace nuna cewa wurin yana sauya kama tana cikin tafkin Kozjak, wanda shi ne mafi girma, da faɗin da ya haura hekta 80 da zurfin da ya kai kimanin mita 47. A da can tafkuna biyu ne da magangara a tsakaninsu, amma madatsar da ke bakin na ƙasa ta fi ta tsakiyar saurin girma, ruwa ya yi ta hauhawa, har kimanin shekaru 400 da suka wuce ya shanye ta tsakiyar, tafkunan biyu suka zama ɗaya. Tsohuwar madatsar tana nan a nutse, 'yan mitoci ƙasa da saman ruwa, kuma jirgin da ke ɗaukar maziyarta ta kanta yake wucewa kullum, galibinsu ba tare da sun san da zamanta ba.

Wannan gini yana da sharuɗɗa masu tsauri. Dole ruwan ya kasance ɗauke da sinadarin kalsiyam fiye da abin da zai iya riƙewa, ya kasance mai ɗan kanwa-kanwa maimakon tsami, sannan, wanda shi ne mafi muhimmanci ga zancen yawon buɗe ido, ya kasance da ƙarancin ruɓaɓɓun abubuwa a narke cikinsa. Idan ƙazantar masai ko takin gona ko ruwan wanki suka yi yawa a ruwan, ƙwayoyin dutsen sukan daina haɗuwa, ciyayi da kyauro su yi ta bunƙasa a gaɓa, launin nan na shuɗi da kore da ake zuwa daga uwa duniya domin gani ya fara dusashewa, tun da asalinsa tsabtar ruwa ce da farar laka ta ƙasan tafki da hasken rana. Wannan ne dalilin da ya sa aka haramta wanka da iyo a tafkunan tun shekarar 2006, aka hana sauka daga hanyar da aka shata, aka hana tsinkar tsiro da jefa wa kifi abinci, kuma jiragen da ke yawo a kan Kozjak da lantarki suke aiki domin kada mai ya zuba a ruwa. Dokokin suna da sauƙin rainawa ga baƙon da bai san dalilinsu ba, domin a ganinsa tsoma ƙafa ɗaya cikin ruwa ba zai rage komai ba, alhali takun mutum ɗaya a kan ɗanyar sedra yana iya murƙushe abin da ya ɗauki shekaru yana taruwa.

Ita ziyarar yini guda, kamar yadda kamfanonin yawon buɗe ido ke sayar da ita, tafiya ce da hanya ke cin kaso mai yawa na lokacinta. Daga Zagreb tazarar ta kai kimanin kilomita 130, abin da mota ke yi cikin sa'o'i biyu, kuma yawancin motocin kan tsaya a Rastoke, wata tsohuwar unguwa a garin Slunj inda aka gina gidaje da injinan niƙa masu aiki da ƙarfin ruwa a kan irin waɗannan madatsu na sedra. Daga birnin Zadar na bakin teku ma tafiyar ba ta wuce sa'o'i biyu ba. Daga Split kuwa, inda 'yan yawon buɗe ido suka fi taruwa, sai an yi sa'o'i uku ko fiye a zuwa, a yi kamar haka a dawowa, ta yadda a cikin yinin da ya kai sa'o'i goma sha biyu, abin da ake yi a gaban ruwa bai cika wuce huɗu ba. Gandun yana da manyan ƙofofi biyu, ta ɗaya kusa da tafkunan ƙasa, ta biyu kusa da Kozjak, hukumar wurin kuma ta tsara hanyoyin zagaye ta sa musu haruffa: mafi gajarta, mai harafin A, kilomita uku da rabi ce a tafkunan ƙasa kaɗai; masu haruffan C da H sun kai kilomita takwas zuwa tara, sun haɗa tafiyar ƙafa da jirgin ruwa da wata doguwar mota mai tarago-tarago da ke kai mutane tsakanin tashoshi; mai harafin K kuwa ta kusa kilomita 18, ba kuma ta mai ziyarar yini guda ba ce.

Ayarin da ya shiga ta ƙofa ta ɗaya yakan fara da tsayawa a bakin kwazazzabo, inda ake hango babbar magangara da ake kira Veliki Slap, wadda tsayinta ya haura mita 70 kuma ita ce mafi tsayi a ƙasar. Abin lura shi ne ruwanta ba daga tafkunan yake ba, wani rafi ne dabam mai suna Plitvica da ke biyowa ta kan tudu ya faɗo daga bangon dutse, ya haɗu da ruwan tafkunan a ƙasa. Daga nan hanya ta gangara zuwa gadojin katako da aka shimfiɗa dab da saman ruwa, wasu ma a kan magangarun kansu, marasa faɗi ƙwarai, kuma a wurare da dama ba su da abin dafawa, ana bin su ta gefen tafkunan Kaluđerovac da Gavanovac da Milanovac har a isa tashar jirgi a bakin Kozjak, a tsallaka cikin kimanin minti ashirin, sannan a fara hawan tafkunan sama, inda ruwa ke rarrabuwa gida-gida yana tsiyayowa ta cikin gansakuka da saiwoyin itatuwa. A wannan sashe na sama ne aka fi ganin yadda sedra ke haɗuwa, amma shi ne sashen da ayarin da lokaci ya ƙure wa ke fara yankewa.

Daga nan za a gane cewa darajar irin wannan ziyara ta rataya ne a wuyan wanda ke gaban ayari. Dokar Kuroshiya ta bambanta ɗan jagora mai lasisi, wanda ya ci jarrabawa kuma aka ba shi izinin yin bayani a keɓaɓɓun wurare, da ɗan rakiya wanda aikinsa kula da mota da tikiti da ƙirga kawuna, haka kuma akwai tafiye-tafiyen da abin da ake sayarwa a cikinsu kujerar mota ce kawai, a sauke mutum a ƙofa a faɗa masa lokacin komawa. Ɗan jagora na ƙwarai ya san wace ƙofa ce ta fi sauƙi a wace sa'a, ya san inda zai juya ayarinsa ya kauce wa dogon layin jirgi, amma aikinsa na gaske shi ne ya tsayar da mutane a gaban wani kututture da farin ɓawo ya fara rufewa a ƙarƙashin ruwa, ya sa su fahimci cewa abin da suke kallo madatsa ce a farkon rayuwarta. Shi ne zai gaya musu cewa garken kifin da ke bin inuwar gada ba su ne asalin kifin wurin ba, an shigo da su ne daga baya suka rinjayi kifin tirawut na ruwan sanyi da aka gada. Akwai kuma 'yan jagorar da suka fi son tatsuniyoyi, irin ta Baƙar Sarauniya da aka ce ta saukar da ruwa bayan dogon fari har tafkunan suka cika, da ta awakin da aka ce sun nutse a Kozjak suna gudun kyarketai a kan siririyar ƙanƙara. Tatsuniya gadon mutanen wurin ce, tana da daɗin ji kuma ta cancanci a ba da ita, sai dai idan ita kaɗai baƙo ya tafi da ita, to an tauye shi, domin ya tsaya a gaban ɗaya daga cikin fitattun misalan irin wannan gini a duniya ya koma bai san da shi ba.

Tarihin mutane ma yana cikin abin da ya kamata a ji. Tun a shekarar 1893 aka kafa wata ƙungiya a Zagreb domin kula da tafkunan da ƙawata su, kuma shahararriyar mawaƙiyar ƙasar, Milka Trnina, ta ba ƙungiyar kuɗin da aka tara a wani wasanta, abin da ya sa wasu magangaru a tafkunan ƙasa ke amsa sunanta har yau. A shekarar 1962 an ɗauki wani fim na Jamusawa a cikin jerin finafinan Winnetou a wurin, wanda ya sa Plitvice ya shiga zukatan Jamusawa da dama. Amma ranar da ta fi nauyi a tarihin gandun ita ce 31 ga Maris, 1991, ranar Lahadin Ista ta Kiristoci, lokacin da 'yan sandan Kuroshiya suka zo ƙwato wurin daga hannun Sabiyawa masu ɗauke da makamai da suka mamaye shi, aka yi musayar wuta, aka kashe ɗan sanda Josip Jović, wanda Kuroshiyawa ke ɗauka a matsayin mutum na farko da ya faɗi a yaƙin neman 'yancinsu, aka kuma kashe mutum ɗaya a ɓangaren Sabiyawa. Gandun ya kasance a hannun 'yan tawayen Sabiyawa har watan Agusta na 1995, otal-otal ɗinsa suka lalace, UNESCO ta sa shi a jerin wuraren gado da ke cikin haɗari daga 1992 zuwa 1997, sai da aka share nakiyoyi aka gyara gine-gine kafin baƙi su fara dawowa. Mazauna yankin da ke sayar da zuma da cuku a bakin hanya, da yawansu sun ga waɗannan shekaru da idonsu, kuma ɗan jagora mai mutunci yakan yi maganar da taka-tsantsan.

Dawowar baƙin ta zo da ƙarfin da ba a yi shiri dominsa ba. A shekarar 2011 yawan maziyarta ya haura miliyan ɗaya a karon farko, a 2017 kuma ya wuce miliyan ɗaya da dubu ɗari bakwai, mafi yawansu a watannin Yuli da Agusta, inda a rana guda ake iya samun fiye da mutum 10,000. Tsarin ziyarar yini guda yana da hannu dumu-dumu a wannan cunkoso, saboda motocin da suka taso daga Zagreb da Zadar da Split da sassafe duk kusan lokaci ɗaya suke isowa, tsakanin hantsi da tsakar rana, su juye jama'a a kan gadojin da mutum biyu ke wucewa da ƙyar. Idan hanya ta toshe, wasu kan sauka gefe su taka gaɓa, wasu su haura shinge domin neman wurin ɗaukar hoto, kuma an samu waɗanda suka faɗo daga bakin dutse ta haka, har da asarar rai. Tun daga 2019 hukumar gandun ta koma sayar da tikiti ta intanet tare da ƙayyade yawan masu shiga a kowace sa'a, ta kuma bambanta farashi sosai, inda a 'yan shekarun nan tikitin babban mutum ya kai yuro 40 a tsakiyar lokacin zafi, ya sauko zuwa yuro 10 da hunturu. Matakin ya rage turmutsitsi, kuma mataki ne da ya dace, ko da yake ya sa wurin ya yi wa mai ƙaramin ƙarfi tsada a lokacin da ya fi samun hutu.

Haɗarin da ya fi cunkoso girma ba a kan gadoji yake ba, yana ƙarƙashin ƙasa. Yankin irin wanda masana ke kira karst ne, wato ƙasar da dutsenta ya cika da ramuka da koguna na ɓoye saboda narkewa, inda abin da aka zuba a rami a nan ke iya ɓullowa a idon ruwa can da nisa ba tare da ƙasa ta tace shi ba. Bayan wani tsarin amfani da filaye da aka amince da shi a 2014, gidajen saukar baƙi suka yi ta tsirowa a ƙauyukan da ke cikin gandun, musamman Plitvica Selo da ke saman babbar magangara, ba tare da isasshen tsarin kwashe ruwan masai ba, alhali kuma daga tafkin Kozjak ake jan ruwan sha na otal-otal da garuruwan kewaye. A farkon 2017 UNESCO ta tura tawagar bincike, kwamitinta kuma ya yi gargaɗin cewa wurin na iya komawa jerin masu haɗari idan ba a tsayar da gine-ginen an gyara sha'anin ruwa ba. Hukumomi sun ɗauki wasu matakai, ciki har da kafa na'urar tace ruwan ƙazanta ta wucin gadi da fitar da sabon tsarin gudanarwa na shekarun 2019 zuwa 2028.

A nan ne lamarin ya zama mai wuyar yanke hukunci, domin kowane irin baƙo da irin nauyin da yake ɗora wa wurin. Mai ziyarar yini guda yana cika hanya a sa'o'in da ta fi cika, yana kashe yawancin kuɗinsa a biranen bakin teku, amma ba ya buƙatar gado ko banɗaki na dare a saman idanun ruwa. Mai kwana kuwa yana iya shiga da ƙarfe bakwai na safe kafin motoci su iso, yana amfanar mazauna yankin, amma buƙatarsa ce ta haifar da gine-ginen da ake kuka da su. Ba kuma za a ce mutanen wurin su haƙura da baƙi ba, domin gundumar Lika-Senj, inda mafi yawan gandun yake, ita ce mafi ƙarancin jama'a a ƙasar, da mutum bai kai goma ba a kowane murabba'in kilomita, matasanta suna ta ƙaura, gandun kuma shi ne babban mai ɗaukar ma'aikata a kewayen. Abin da ya fi kusa da adalci ga ɓangarorin biyu shi ne baƙo ya kwana a garuruwan da ke wajen gandun, irin su Slunj da Rakovica da Korenica, ya ɗauki ɗan jagora na yankin, ya shiga da wuri. Wanda kuma yini guda kawai gare shi ya zaɓi ƙaramin ayari a kan babbar safa, ya zaɓi watan Mayu ko Oktoba a kan Agusta. A Mayu ruwa ya fi yawa saboda narkewar dusar ƙanƙara, har wasu gadoji kan nutse a rufe su na 'yan kwanaki, a Oktoba kuma ganyen daji ya rine ja da rawaya.

Dajin nan, wanda ya rufe fiye da kashi uku cikin huɗu na gandun, shi ne sashen da mai yini guda ba ya shiga, kuma shi ne ke riƙe da tafkunan, tun da shi ke tare ruwan sama ya sake shi a hankali, ya hana laka gangarowa, ya kuma samar da iskar kabon ɗin da ke fara narkar da dutse. A cikinsa akwai beyar da kyarkeci da wata babbar kyanwar daji mai gajeren wutsiya, dabbobin da suka ƙare a sassa da yawa na yammacin Turai, akwai kuma wani kurmi mai suna Čorkova Uvala, kimanin hekta 80, da aka bar shi yadda yake ba sara ba shuka. Baƙo ba zai ga waɗannan dabbobi a bakin tafki da tsakar rana ba, kuma kamfanin da ya yi masa alkawarin haka bai faɗa masa gaskiya ba.

Ga mai sauraro da ke Najeriya ko Nijar ko Ghana, ko wanda karatu ko aiki ya kai shi Turai, yana da amfani a san cewa Kuroshiya ta shiga Tarayyar Turai a 2013, kuma tun ranar 1 ga Janairu, 2023 take amfani da kuɗin yuro, take kuma cikin yankin Shengen, don haka bizar da ke shigar da mutum Jamus ko Italiya ita ke shigar da shi can. Kafin biyan kuɗi yana da kyau a tabbatar ko farashin ya haɗa da tikitin shiga, domin kamfanoni da dama daban suke karɓarsa a ranar tafiya, a kuma tambayi ko ɗan jagoran zai shiga da ayari har tafkunan sama. Takalmi mai kama ƙasa wajibi ne saboda katakon yana santsi idan ya jiƙe, kuma hanyar tana da matakala da yawa da za su wahalar da tsoho ko mai ciwon gwiwa. Musulmi zai so ya tsara sallarsa tun kafin a tashi, tun da jadawalin mota ba ya la'akari da ita, ya kuma yi alwala a banɗakunan ƙofa ko na tashar jirgi, domin gaɓar tafki ba wurin sauka ba ne. A wajen abinci kuma, naman alade ya yawaita a girkin yankin, amma ana samun gasasshen kifi da dankalin Lika da cuku. Wanda masaukinsa ke Split kuma yini ɗaya tak gare shi, ya fi masa alheri ya nufi gandun Krka, wanda aka kafa a 1985, wanda tafiyarsa ba ta kai rabin ta Plitvice ba, kuma magangarunsa, ciki har da Skradinski Buk, da irin wannan sedra aka gina su. Can ma hukuma ta hana wanka a gindin Skradinski Buk tun farkon shekarar 2021, bayan shekaru da dama ana barin dubban baƙi suna shiga ruwan.